Sanwici Sittin don Shayin La'asar: Yadda Muka Karrama Maƙwabciyarmu a Leeds

Maƙwabciyarmu ta cika shekara 80 a watan Nuwamba. Baturiya ce haifaffiyar Yorkshire, yankin Ingila da garin Leeds yake ciki, katanga ɗaya ce ta raba gidanmu da nata a wata unguwa ta arewacin Leeds, kuma shekararmu shida ke nan tare. Ita ta koya mini ranakun fitar da shara, ita ke karɓar mana saƙo idan ba ma gida, kuma lokacin da na kwanta asibiti haihuwar autana ita ta riƙa ɗauko manyan daga makaranta har mako biyu. Yarana Kaka suke ce mata. Ta amsa sunan, ni ma na bi bakinsu.

Da na tambaye ta abin da take so a yi mata, ta ce ba ta son wata hidima. Sai da na matsa sannan ta ce tun rasuwar mijinta ba ta ƙara zama shan shayin la'asar irin na da ba. Duk shekara ranar da aurensu ya zagayo yakan kai ta Bettys da ke Harrogate, gidan shayin nan da aka buɗe tun 1919, su zauna a kawo musu faranti mai hawa uku. Yanzu ƙafa ta ƙi, tafiyar da tsayuwar layi sun fi ƙarfinta. Na ce, to Kaka, tunda ƙafa ta ƙi zuwa, shayin ne zai zo ya same ki.

Muka raba aiki. 'Yar ɗan'uwanta ta ɗauki nauyin sikon, wato ɗan burodin nan mai kauri da ake tsagawa a shafa jam da kirim, wata maƙwabciyar kuma ta ce kek nata ne. Ni aka bar wa hawan ƙasa na farantin, inda ake jera ƙananan sanwici masu tsawo da faɗin yatsu biyu. Na karɓa hankali kwance, don a ganina burodi ne da bota. Abin da ya biyo baya shi na rubuta a nan, daga gwajin da ya lalace har ranar taron.

Me ake nufi da shayin la'asar

Dole na fara da wannan, domin a Yorkshire idan mutum ya ce ka zo shayi, abincin dare yake nufi. Shi ya sa da maigidana ya ji zancen shayin Kaka ya daɗe yana ɗauka tuwon Turawa za a dafa. Wancan shayin na ma'aikata ne da suka dawo gida da yunwa, mai nama da dankali. Shayin la'asar daban ne, asalinsa gidajen sarauta. Ana danganta shi ga Anna Maria Russell, uwargidan basaraken Bedford na bakwai, aminiyar Sarauniya Biktoriya, a wajajen 1840. A zamanin masu hali ba sa zama cin abincin dare sai wajen ƙarfe takwas, ita kuwa yunwa kan taso mata da la'asar, sai ta sa a riƙa kai mata shayi da burodi da bota da ɗan kek ɗakinta. Daga baya ta fara gayyatar ƙawaye, abin ya bazu. Shi kansa sanwici ya girmi al'adar da kusan shekara tamanin. Sunan sarautar John Montagu ne ya ci, basarake na huɗu da ya riƙe sarautar Sandwich, kuma marubucin tarihi Edward Gibbon ya riga ya rubuta kalmar a littafin ajiyar bayanansa tun 1762.

Wannan tarihin ne ya yanke siffar abin. Ba don ƙoshi aka yi shi ba, don toshe ƙofar yunwa ne zuwa dare. Mai ci na riƙe da kofi, tana hira, tana sanye da kayan fita kunya. Saboda haka dole ya ɗauku da yatsu biyu, ya ƙare a gatsa biyu ko uku, kada ya ɗiga, kada ya zubar da komai a cinya. Shi ya sa ake yanke ɓawon gefen, shi ya sa ake yin sa siriri. Duk wata doka da za ka ji game da shi daga nan ta fito.

Gwajin da ya lalace

Saura mako biyu na yi gwaji, kuma na gode Allah da na yi. Ranar Juma'a da dare na haɗa guda goma sha biyu, na kokwamba da na ƙwai, da niyyar mu ci ranar Asabar da yamma. Burodin da na saba saye a shagon 'yan Afirka na yi amfani da shi, mai laushi da ɗan zaƙi irin na Agege, na ranar, ni na yanka da hannu. Na ciro bota daga firji na shafa yadda ta samu. Na yanka kokwamba na jera kai tsaye. A na ƙwan ban sa bota ba sam, na ce mayonis ya isa. Na yanke gefen burodin tun kafin in zuba komai, na datsa da wuƙar da nake yanka albasa, na jera a faranti na sa a firji ba rufi. Washegari na fito da su tun ƙarfe ɗaya na ajiye a teburin da ke kusa da hita.

Ƙarfe huɗu na ɗaga na kokwamba ɗaya, tsakiyarsa ta lotsa ta manne a yatsata kamar jiƙaƙƙen tsumma, gefunan kuwa sun bushe sun ɗaga sama kamar bakin tsohuwar tabarma. Na ƙwan ya tsattsago ta ko'ina. Zaƙin burodin ya danne ɗanɗanon kokwamba gaba ɗaya. 'Yata babba ta gatsa ta ajiye, ta ce, Umma, cikin ya jiƙe, wajen ya bushe, yaya aka yi abu ɗaya ya yi duka biyun?

Tambayarta ita ce ainihin matsalar. Na kwashi farantin na kai wa Kaka ta gani, ban ɓoye ba. Ta sa tabarau, ta buɗe ɗaya da bakin cokali, ta nuna mini wuraren da bota ba ta kai ba. Daidai nan ruwan ya shiga.

Ruwan ciki da iskar waje

Abin da na fahimta bayan na zauna da ita, na kuma sake gwaji sau biyu, shi ne sanwicin shayi yaƙi biyu yake yi a lokaci guda. Abin da aka zuba ciki yana so ya ba burodi ruwansa. Iskar ɗaki kuma tana so ta ƙwace ruwan burodin. Babban sanwici na da ɓawo da kauri da ke kare shi, kuma ana cinye shi nan take. Wannan ƙaramin an tuɓe masa ɓawo, an buɗe gefensa huɗu, sannan ana so ya jira baƙi.

Kokwamba kusan kashi 95 cikin ɗari ruwa ce. Da zarar an yanka ta, ta taɓa gishirin da ke cikin bota ko burodi, sai ta fara tsiyaya. Maganin shi ne a sa ta tsiyaye kafin ta shiga. A fere ta, a yanka siriri har ana hango wuƙa ta ciki, a barbaɗa gishiri kaɗan, a bar ta a rariya minti ashirin zuwa talatin. Ruwan da na tarar a kwanon ƙasa daga kokwamba ɗaya ya ba ni mamaki. Daga nan a shimfiɗa ta a kan takardar goge hannu ta kicin, a danna da wata a sama har ta daina jiƙa takardar. Kaka takan ɗiga ɗan ruwan khal da farin masoro kafin a tsane ta, ni ma haka na yi.

Bota kuwa ba don daɗi kaɗai take ba, katanga ce. Kusan kashi 80 cikin ɗari nata mai ne, ruwa ba ya ratsa mai. Amma sai ta rufe fuskar burodin duka, daga wannan kusurwa zuwa waccan, a yanka biyun, na sama da na ƙasa. Bota mai sanyi ba ta iya wannan aiki, yaga burodin take ta bar ramuka. Sai an fito da ita awa biyu kafin lokaci, a buga ta da cokali har ta yi laushin man shafawa. Mayonis ba ya maye gurbinta, domin shi da ruwa a jikinsa, a hankali burodi ke shanye shi. Kuskurena a na ƙwan ke nan.

Sai burodin. Na ranar ya cika laushi, wuƙa na danne shi maimakon ta yanka. Wanda ya kwana ɗaya ya fi tsayuwa. Kuma duk son da nake wa burodinmu mai zaƙi, wurinsa shayin safe ne da soyayyen ƙwai, inda ake tsoma shi a kofi. A nan ana son wanda ba shi da wani ɗanɗano mai ƙarfi, yankakke daga kamfani, mai kusurwa huɗu, kowane yanki kauri ɗaya. Na kuma koyi cewa firji na saurin tsufar da burodi, shi ya sa kwana a ciki ya ƙara ɓata na gwajin. Ana sa haɗaɗɗen sanwici a firji ne na ɗan lokaci, don lafiyar abin da ke ciki da kuma don bota ta kama, amma a rufe ruf.

Batun yanka shi ne na ƙarshe da na gane, kuma shi ya fi sauya kamannin farantin. Ba a yanke gefe kafin a haɗa. A haɗa sanwicin da ɓawonsa, a danna da tafin hannu a hankali, a rufe a sa a firji, sai dab da zuwan baƙi a yanke gefen a raba uku. Muddin ɓawon na nan, shi ke tare iska. Kuma idan aka yanke bayan haɗawa, wuƙa na bi ta burodi da abin cikin lokaci ɗaya, gefen ya fito a shafe, ana ganin layi uku a jere. Wuƙar burodi mai haƙora ake so, ana ja ana turawa kamar zarto, ba dannawa ba, kuma a goge ta da tsumma mai ɗanshi bayan kowane yanka.

Wa zai ci, me zai ci

Mutum goma sha biyu ne: Kaka, ƙawayenta uku na coci waɗanda duk sun haura saba'in, 'yar ɗan'uwanta mai ciki wata shida, maƙwabciyar mai kek, ni da 'yata, matar yayan maigidana da ke Bradford da ƙawarta, da wasu mata biyu 'yan Zariya da ke karatu a jami'a. Maza da ƙananan yara an sallame su gidan wasa.

A al'adance iri huɗu zuwa biyar ake yi: kokwamba, ƙwai, kifin samon mai hayaƙi, kaza, da naman alade da mustad, wani abin shafawa mai yaji-yaji. Na ƙarshen ba ya shiga gidana, Kaka ma ta riga ni faɗa. Wanda ya fi ba ni tunani shi ne kifin. Samon ɗin da ake sa wa a sanwici hayaƙi mai sanyi aka yi masa, ba a dafa shi ba, ba kamar bandar kifinmu da wuta ta ci ba. Hukumar kula da ingancin abinci ta Birtaniya ta shawarci masu ciki da masu raunin garkuwar jiki su guje shi saboda ƙwayar cutar listeriya, wadda sanyin firji ba ya hana ta hayayyafa, ta kuma ce tsofaffi su yi hattara. Teburina na da mai ciki ɗaya da tsofaffi huɗu. Ban ga dalilin sa abu a faranti sannan in tsaya ina cewa wance kar ki taɓa ba. Na sayi ɗanyen samon na dafa a ruwa mai lemun tsami, ya huce, na marmasa na haɗa da cukun shafawa. Launin bai kai na mai hayaƙi kyau ba, amma kowa zai iya miƙa hannu.

Kazar kuwa irin wadda suke kira kazar naɗin sarauta ce, wadda Rosemary Hume da Constance Spry na makarantar koyon girki ta Cordon Bleu da ke Landan suka haɗa don walimar naɗin Sarauniya Elizabeth ta Biyu a 1953. Kaka na yarinya a lokacin, tana tuna bikin da aka yi a kan titinsu. Haɗin na asali akwai jar giya a miyarsa, wannan na cire. Na sayi ƙirjin kaza a wurin mahaucin halal, na dafa da albasa har tsakiyarsa ta kai digiri 75. Abin da ya bambanta mai daɗi da mara daɗi a nan shi ne garin kori: idan aka zuba shi ɗanye cikin mayonis yana gardi a maƙogwaro. Na soya cokali biyu ƙanana a ɗan mai na minti ɗaya, ya huce, sannan na haɗa da mayonis da yogot da catnin mangwaro, wato haɗin mangwaro mai zaƙi da tsami irin na Indiya. Mustad ma sai da na karanta bayan kwalba, don wasu irin na Faransa da farar giya ake haɗa su. Na koma ga garin mustad na Colman's.

Na ƙwan ya zo mini da abin da ban zata ba. Kaka ta ce ba ya cika sai da wani ɗan tsiro da ake sayarwa a ƙaramar roba. Na ɗanɗana na ji yaji-yajin da na sani tun ina yarinya. Na duba, ashe ainihin tsiron da aka san wannan sanwici da shi lansir ne, wanda muke kwaɗawa da ƙuli-ƙuli, sai dai su suna yanke shi tun yana jariri. Na manyan shaguna sau da yawa gauraye yake da wani tsiro mara yaji, don haka na sayi irin, yara suka shuka a kan jiƙaƙƙiyar auduga a bakin taga kwana goma kafin taron. Ranar da za a yanka ya kai tsawon ɗan yatsa.

A nan ne muka sami saɓani da matar yayan maigidana. Na kira ta na karanta mata tsarin, ta yi shiru, sannan ta ce, ke 'yar nan, mutane za su taso tun daga Bradford ki tare su da burodi da kokwamba? Ina shinkafa, ina nama? Na ce, Yaya, ba walimarmu ba ce, ta Kaka ce, abin da take kewa nake so ta gani. Ta ce baƙonka annabinka, kuma baƙin ba Kaka kaɗai ba ce. Gaskiya maganarta ta zauna mini, domin a gidan da na tashi baƙo bai taɓa tashi da sauran wuri a cikinsa ba. Amma na san idan tukunyar dafa-duka ta hau teburin nan, shayin la'asar ya tashi daga aiki. Muka tsaya a kan cewa ta zo da sambusa da dambun nama, a ajiye a kicin, bayan sallar magariba a fito da su ga wanda ya tsaya. Ta amince, ba da cikakkiyar zuciya ba.

Lissafi da jadawali

Na yi wa kowa lissafin guda biyar, sittin ke nan. Kowane haɗin yanka biyu na ba da uku, saboda haka haɗi ashirin, yankan burodi arba'in, kowane iri haɗi biyar. Burodi mai nauyin giram 800 yankansa wajen ashirin ne, idan aka cire na baki biyu saura sha takwas, don haka biyu ba za su isa ba. Na sayi uku ranar Juma'a, fari biyu, na alkama ɗaya. Fari ga kokwamba da ƙwai, na alkama ga kifi, kaza kuma na yi mata fari a sama na alkama a ƙasa, don a gane kowanne da ido ba sai an tambaya ba. Bota ƙulli ɗaya mai giram 250, ƙwai shida, kokwamba babba ɗaya, ƙirjin kaza biyu, samon yanka biyu.

Lokaci ma sai da aka yi masa dabara. A al'ada ƙarfe huɗu ne, amma a tsakiyar Nuwamba rana na faɗuwa a Leeds jim kaɗan bayan huɗu. Muka sa biyu da rabi, bayan mun yi la'asar, mu tashi da magariba.

Daren Juma'a na dafa kaza da kifi da ƙwai. Ƙwan minti goma a tafasa, sai cikin ruwan sanyi nan take don kada gwaiduwar ta yi baƙin zobe. Na haɗa na kaza da na kifi na rufe a firji, wanda ma'auninsa ke ƙasa da digiri 5. Asabar ƙarfe tara na fito da bota. Sha ɗaya na sa wa kokwamba gishiri, na marmasa ƙwai da cokali mai yatsu har ba gudaji, mayonis cokali uku kacal, don ya riƙe kansa idan an ɗebo. Sha biyu muka fara haɗawa ni da 'yata: mu shimfiɗa yanka goma a tebur, ita ta shafa bota, ni in zuba in rufe. Muka fara da kaza, sai kifi, sai ƙwai, kokwamba a ƙarshe don ita ce mara haƙuri. Kaurin abin ciki bai wuce kaurin yankan burodi ɗaya ba. Kowane iri muka ɗora shi kan juna, muka naɗe da ledar rufe abinci, sai firji.

Biyu saura kwata na fara yanka. Duk wanda na yanka sai in jera shi a tire, a matse da ɗan'uwansa, gefe na taɓa gefe, don iska ta rasa hanya. A sama na shimfiɗa takardar gashi, wato wadda ake gasa abinci a kanta a oben, a kanta tsumman kicin mai tsabta da na jiƙa na matse har ba ya ɗiga. Wannan tsumman shi ne sirrin da Kaka ta ce mahaifiyarta ta koya mata tun ba a san leda ba. Ɓawon da aka yanke ya cika babbar roba, abin da ya sa Yaya ta yi salati da ta gani. Ba a zubar ba. Rabi na busar a oben na niƙa don soya kaza, rabi 'yar ɗan'uwan Kaka ta tafi da shi ta yi musu kayan zaƙi da madara da ƙwai.

Ranar

Kaka ta shigo da sandarta, sanye da rigar da ta ce rabonta da ita tun bikin jikarta, ta kawo kofunanta na tangaran masu zanen fure da ba a taɓa fito da su ba tun da na san ta. Ta tsaya a kan farantin ta daɗe tana kallo. Ta ɗauki na kokwamba, ta juya shi ta duba gefen, ta gatsa, ta ajiye sauran a ɗan farantin kofi. Ba ta ce komai ba sai da ta kurɓi shayi, sannan ta kama hannuna ta ce burodin bai jiƙe ba. Na san abin da take nufi ya wuce burodi, don idonta ya ciko.

Shayin iri biyu muka yi a buta, Yorkshire Tea da Earl Grey mai ƙamshin lemun bagamot. An ɗauraye butar da ruwan zafi, cokali ɗaya ga kowane mutum da ɗaya na buta, minti huɗu. Na kuma cika filas da namu mai citta da kanumfari da madarar gwangwani. Ɗaya daga ƙawayen Kaka ta sha kofi biyu na namu ta nemi a rubuta mata yadda ake yi.

Abu biyu ba su tafi daidai ba. Na farko, na jera na kaza manne da na ƙwai, kurkur ɗin da ke cikin kori ya rina gefen fararen ya zama rawaya. Ba a fasa ci ba, amma ni na gani. Na biyu ya fi muhimmanci. Farantin mai hawa uku guda ashirin yake ɗauka a ƙasa, sauran na ƙarƙashin tsumma a kicin, ana ƙarowa kaɗan-kaɗan. Wajen uku da kwata hira ta yi daɗi, 'yata ta ga kada a yi ta kai-kawo, ta juye duk ragowar a babban faranti ta ajiye a tebur a buɗe. Hita na aiki saboda tsofaffi. Kafin minti arba'in na saman sun fara ɗaga baki, saman burodin ya yi kaushi a yatsa. Duk wahalar gishiri da bota ta tare ruwan ciki, amma iskar waje ba ta buƙaci awa ɗaya ba. Ban yi mata faɗa ba, don ban gaya mata dalilin tsumman ba, na dai nuna mata bambancin na sama da na ƙasa.

Abin da ya rage a faranti

Da aka tashi na ƙirga. Na kaza sha biyar sun ƙare tun kafin uku, kuma Turawa da Hausawa duk sun yi rububinsa. Na ƙwai ma ya ƙare. Na kifi saura uku, na kokwamba saura shida. Tsofaffin ne suka ci kokwamba, mutanenmu kowa ta ɗauki ɗaya don kara ba ta ƙara ba. Ɗaya daga 'yan Zariya ta ce kamar mutum ya tauna ruwa. Biyar ga kowane mutum ya isa daidai, tunda ga sikon ga kek a sama, amma rabon ne bai yi daidai ba. Da zan sake wa irin wannan taro, kaza haɗi bakwai zan yi, kokwamba uku, kuma in sa takardar gashi tsakanin mai kori da sauran.

Ragowar ba su kai awa huɗu a waje ba, wanda shi ne iyakar da hukumar abinci ta sa wa irin wannan abinci mai sanyi, amma na kifin ban yarda su kwana ba, maigidana ya cinye da ya dawo. Bayan magariba aka fito da sambusa da dambu. Duk waɗanda suka tsaya sun ci, har da biyu daga ƙawayen Kaka, Yaya kuma ta dube ni ta gefen ido ban tanka ba. Har yau ba mu daidaita ba: ita tana ganin sambusarta ce ta fitar da ni kunya, ni ina ganin da an fito da ita tun biyu da rabi da Kaka ba ta sami abin da ta nema ba. Ta kuma kawo shawarar a barbaɗa yajin ƙuli a na kokwamba. Na gwada daga baya, da daɗi, amma ya zama wani abinci daban, ba zan kai shi gaban Kaka da sunan wancan ba.

Shidan kokwambar ita ta tafi da su. Ta ce in naɗe mata a takardar gashi, in ɗora tsumma mai ɗanshi, za ta ci da shayinta na dare. Washegari da safe ta ƙwanƙwasa ƙofa ta dawo da tsumman a wanke a goge, ta kuma tambaya ko akwai sauran irin lansir, tana so ta shuka a tagarta.